Neman kalmar Hausa: wane suna za mu ba "thole"?

1/ 'Yan'uwa masu aikin fassara, ga wata baƙuwar kalma da nake so mu nema mata masauki a Hausa: thole. Da wuya ka ji ta a bakin Baturen Landan. Gidanta Sikotlan, da arewacin Ingila, da Ailan ta Arewa. A Sikotlan tana cikin harshen Scots, ɗan'uwan Ingilishi na jini, wanda mutum kusan miliyan 1.5 suka ce suna magana da shi a ƙidayar 2011. Kada a haɗa shi da Gaelic, wannan harshe ne na wani dangi dabam.

2/ Kalmar tsohuwa ce ƙwarai. Tana cikin Ingilishin da aka yi magana da shi fiye da shekara dubu da suka wuce, sai mutanen kudu suka yar da ita, na arewa suka riƙe abarsu. Jigon ma'anarta: wahala ta sauka a kanka, ba ka da hanyar kauce mata, ka tsaya a ƙarƙashinta ba ka faɗi ba. Mawaƙin Sikotlan Robert Burns ya yi amfani da ita a 1785, a waƙarsa ta ɓeran da garma ta rushe wa sheƙa a bakin hunturu. Ɓeran ba shi da gida, ba shi da tanadi, ga ruwan ƙanƙara na tafe. Abin da ya rage masa shi ne ya yi thole.

3/ Da na fara kawo maganar, kusan kowa "haƙuri" ya ce. Kuma masu wannan ra'ayi suna da hujja mai ƙarfi. Seamus Heaney, mawaƙin Ailan da ya karɓi kyautar Nobel a 1995, ya ba da labari a gabatarwar fassararsa ta tsohuwar waƙar Ingilishin nan mai suna Beowulf, wadda ta fito a 1999, cewa ya ci karo da kalmar a tsohon Ingilishi, sai ya tuna a gidansu ya fara jin ta. Gwaggonsa ce ke faɗin ta game da mutanen da aka yi wa rasuwa ba zato, tana cewa dole su koyi yin thole. Wani dattijo, malamin Hausa, ya rubuto mini: "Ɗana, wannan ai zaman makoki ne. Me muke ce wa wanda aka yi wa rashi in ba sai haƙuri ba?" Gaskiyarka, Baba. Har ma in ƙara maka hujja: kalmar da Jamusawa ke kiran haƙuri da ita, Geduld, tushensu ɗaya da thole.

4/ Duk da haka ban yarda mu tsaya a kan haƙuri ba, kuma a nan nake so mu daɗe.

Haƙurin Bahaushe ba ya tafiya shi kaɗai. Yana tafe da tawakkali, da sa ran lada, da alkawarin cewa ƙarshe zai yi kyau. Shi ya sa muke cewa mahaƙurci mawadaci. Idan ka ce wa marainiya ta yi haƙuri, ka miƙa mata wani abin riƙewa: akwai Mai gani, akwai sakamako. Ita thole ba ta yi wa kowa wannan alkawari ba. Ɓeran Burns ba lada yake jira ba, sanyi ne kawai zai bi ta kansa, ko ya kai bazara ko bai kai ba. Idan muka sa masa haƙuri mun ba shi abin da mawaƙin bai ba shi ba, mun sassauta waƙar.

Ga kuma wata matsalar. Haƙuri a bakinmu ya yi rassa da yawa. Ka taka mutum a kasuwa, "yi haƙuri". Mabaraci ya tsaya a ƙofa ba ka da abin ba shi, "yi haƙuri". Mai neman aure ya gaji ya janye, sai a ce ya haƙura. Wannan na ƙarshen ma kishiyar thole ne, domin wanda ya haƙura ya saki, mai thole kuwa yana nan riƙe.

5/ Wata 'yar'uwa daga Damagaram ta ce to a sa "daure". Hajiya, kin matso kusa sosai. Daurewa tana da cizon haƙori a cikinta, irin na yaron da wanzami ke yi wa ƙaho, uwarsa na cewa daure, saura kaɗan. Amma kin ji inda take: saura kaɗan. Daurewa ta ɗan lokaci ce, ana hango ƙarshenta. Sannan mun mai da ita kalmar lallashi, "daure ki ci ko loma biyu", "ka daure ka zo gobe". Ga kuma masu rubutu a waya da ba sa sa ƙugiya, daure da ɗaure sun zama abu ɗaya a idon mai karatu.

6/ Ni dai "jure" na zaɓa, ko "jimre" ga waɗanda bakinsu ya fi sabawa da ita. Sunan aikin kuma juriya. Juriya tana da tsawo. Ana jure fari, ana jure ciwon da ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, ana jure zaman gidan da babu daɗi. Ba ta buƙatar mai yin ta ya zama mutum: jaki na da juriya, gero na jure ƙarancin ruwa fiye da masara, amma ba wanda zai ce gero ya yi tawakkali. Kuma ba ta faɗa maka abin da ke cikin zuciyar mai yin ta. Mutum na iya jurewa yana kuka, yana iya jurewa yana ƙorafi. Haka thole take. Maganar gwaggon Heaney a Hausa sai ta zama: dole su koyi jurewa. Ta fi "su yi haƙuri" sanyi da tauri, kuma ina ganin haka tsohuwar ta nufa.

7/ Ma'anar thole ta biyu ta zaman yau da kullum ce. Mutumin birnin Glasgow na Sikotlan zai ce ba ya iya thole ɗin wane, ko ba ya iya thole ɗin surutu. Nan jure ba ta zauna daidai a kan mutum ba. Bahaushe cewa zai yi jininsu bai haɗu ba, ko ba ya ƙaunar ko ganinsa. Idan hali ne, muna da "ɗauka": ba na ɗaukar raini, ba zan ɗauki wannan ba. Abin sha'awa, masana asalin kalmomi sun nuna cewa thole da kalmar Latin da ta haifi tolerate daga saiwa ɗaya suka fito, mai ma'anar ɗaukar kaya. Mu da su, ba tare da mun haɗu ba, duk ta wajen kaya muka kalli abin.

8/ Ta uku ita ce ta fi ba ni aiki, domin ta kotu ce. A dokar Sikotlan, wanda aka gurfanar har aka yanke hukunci, ko an same shi da laifi ko an wanke shi, ana cewa ya yi thole ɗin assize, wato shari'ar ta riga ta bi ta kansa, ba za a sake gurfanar da shi a kan laifin nan ba. Ƙa'idar ba baƙuwa ba ce a wajenmu, tana cikin sashe na 36(9) na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999. A Sikotlan ta daɗe ba a taɓa ta ba, sai a 2011 majalisarsu ta yi dokar da ta buɗe ƙofa idan sabuwar shaida mai ƙarfi ta bayyana a manyan laifuka. Wanda aka fara kamawa da ita shi ne Angus Sinclair. An tuhume shi da kashe 'yan mata biyu da aka yi wa ganin ƙarshe a birnin Edinbara a 1977, shari'ar 2007 ta rushe aka sallame shi, aka sake gurfanar da shi a 2014 aka same shi da laifi.

A nan jure ba ta yi ba, haƙuri kuwa ko kusa. "Ya jure shari'a" yabo ne, alhali lauyan ba yabon kowa yake ba. Abin da muke buƙata shi ne kalmar da ke cewa abu ya auku a kanka, ba ruwanta da yadda ka ji. Muna da ita: sha. Mun sha rana, ya sha duka, ta sha wuya, ya sha ɗauri. To, "ya riga ya sha shari'arsa". Ƙa'idar kuma a ce "ba a shan shari'a sau biyu a kan laifi ɗaya". Lauyoyinmu, ku gwada ta a bakinku ku gaya mana ko za ta shiga takardar kotu.

9/ Akwai wata thole ɗin dabam, suna ce ba aikatau ba, kuma asalinsu ba ɗaya ba ne, rubutu ne ya haɗa su. Ɗan guntun itace ne da ake kafawa a gefen kwalekwale, galibi biyu-biyu, filafili ya zauna a tsakaninsu, matuƙi ya juya baya ga inda za shi yana ja. Matuƙan da na gani a bakin kogin Kwara a hannu suke riƙe filafili, ko su tura da gora, don haka ba abin mamaki ba ne idan sunan bai zo bakin yawancinmu ba. Shawarata "turken filafili", tunda aikinsa kenan, ya tsare shi a wuri ɗaya. Wani ya kawo "maƙali", amma maƙali wurin rataye abu ne a huta, wannan kuwa a kansa ake aikin. Mutanen Yawuri da masuntan tafkin Chadi, idan kuna da sunan da kuke kiransa a bakin ruwa, ku kawo shi, naku ne gaba da nawa.