Fada Cikin Kaki: Musayar Baitoci Kan Philip Hannan

Tsohon Kofur:
Salama gare ku, ’yan zaure. Yau na zo da wani Fada ɗan Amurka, Philip Hannan, limamin sojan laima a Yaƙin Duniya na Biyu, wanda daga baya ya zama Babban Bishop na New Orleans. Mai amsa ya amsa.

A 1913 aka haife shi, Washinton ce gida,
A Roma ya sha karatu, 1939 ya zama Fada,
Yaƙi ya kunno kai Turai da tsawa da cida,
1942 ya ɗau kaki, ba bindiga ba adda.

Runduna ta 82 ce tasa, mazajen laima,
A dajin Ardennes ƙanƙara ta rufe ƙasa da sama,
Yana bin ramuka da addu’a, samari na kyarma,
Wanda zai cika ya riƙe masa hannu ya yi masa shafan mai na ƙarshe ya tafi cikin salama.

Mai Tawada:
Baba Kofur, sannu da ƙoƙari, mun sha yabo,
Sai dai kaki kan rigar coci ba ya rasa tabo,
Mai wa’azin kada a yi kisa, cikin masu kisa yake neman rabo?
Ko fansho ne ya ƙi fitowa ka koma waƙa da dabo?

Tsohon Kofur:
Yaro man kaza, ka ji rana ka narke, yaro,
Kai da faɗuwar murfin tukunya ke ba ka tsoro,
Limamin soja ba ya harbi, haka ƙa’ida take tun wurin horo,
Nasa binne gawa, da lallashin mai rai kafin a koma karo.

Malamin Aruli:
Baba, da girmanka, ɗangon ƙarshe na baitinka na biyu ya kai ɗango biyu da rabi, sai da na sha ruwa a tsakiya. Sannan shekara ba ta hawa kari. Ka karanta 1939 da baki ka ji: dubu ɗaya da ɗari tara da talatin da tara. Ita kaɗai ɗango ce cif.

Waƙa da sikeli ake auna ta,
Gaɓa da gaɓa ake jera ta,
Kofur ya ɗora mata kayan jaki,
Ga ta a ƙasa, wa zai tada ta?

Uwar Biyu:
Malam, ajiye sikelinka, ana zancen gawa,
Mayun 1945, a Wöbbelin, Jamus ta arewa,
Sojan laima sun buɗe sansani, fursunoni ƙashi da fata don yunwa,
Fada na cikin masu shiga, ya ga abin da ba a mantawa,
Kai kana ƙirga gaɓa, su suna ƙirga kushewa.

Baba Kofur, kai ne zakaran zauren nan, Allah ya ƙara basira. Wasu dai hassada ce ke cin su.

Malamin Aruli:
Ƙwar huɗu ake yi, kin kawo biyar. Ban ce komai ba.

Mai Tawada:
Inna, guɗa ba hujja ba ce, bari ki ji gaskiya,
A 1983 bishop-bishop na Amurka sun fitar da wasiƙar zaman lafiya,
Suka soki tseren tara makaman nukiliya,
Mutuminku ya ja da su ƙiri-ƙiri, ashe kakin bai fita a zuciya.

Baba, ina jira.

Mai Tawada:
Kwana biyu shiru. Ko harsashin ya ƙare ne?

Tsohon Kofur:
Ido ne ya matsa mini, ɗana, ba kai ba. Wannan karon ba ƙarya ka yi ba, ya ja da su, ni ma ban ce ya yi daidai ba. Amma saurara.

Wanda ya ga sansanin Hitila, ba ji ba, gani,
Ya ɗauka in nagari ya sauke makami, mugu zai mulki zamani,
Ko kuskure ya yi, tabon yaƙi ne, ba son jini,
Kai kuwa tabonka na tawada ne, sabulu ya ishe ka magani.

Uwar Biyu:
Ayyururui! A kawo wa yaro ruwa.

Ɗan Autan Zaure:
Iyayena ku yi haƙuri in sa baki, sabon shiga ne ni. Abin da ya burge ni shi ne jana’izar Shugaba Kennedy, 25 ga Nuwamba 1963. Lokacin Hannan mataimakin bishop ne kawai a Washinton, ga manya zaune, amma shi matar marigayin ta nema ya yi jawabi.

Ya buɗe Littafin Mai Wa’azi, sura ta uku,
Komai da lokacinsa, ya karanta, coci ta yi shiru,
Lokacin haihuwa da na mutuwa, ya shafe ni ya shafe ku,
Duniya na kallo a talabijin, hawaye na zuba a ido.

Malamin Aruli:
Auta, “uku” da “ku” sun amsa juna. “Shiru” da “ido” fa, daga wane gari suka zo? Amsa-amo ba a yin sa da ƙuri’a.

Uwar Biyu:
A surar nan da yaron ya ambata akwai lokacin magana, akwai lokacin yin shiru. Malam, duba agogonka.

Mai Tawada:
Akwai kuma lokacin yaƙi da lokacin salama, Inna. Na biyun nake tambaya, ina ya sa shi?

Tsohon Kofur:
Ga inda ya sa shi, buɗe kunne.

1965 ya isa New Orleans, guguwar Betsy ta bar gari a ruwa,
Bayan shekara goma ’yan gudun hijirar Biyetnam suka fara zuwa,
Ya buɗe musu ƙofa, aka nema musu aiki da wurin zaunawa,
1987 Fafaroma John Paul na Biyu ya zo, shi ya yi masa barka da zuwa.

Ya sauka a 1988, tsufa bai kai shi ɗaki ba,
Guguwar Katrina ta zo a 2005, yana da 92, bai gudu ba,
Ya cika a 2011 da shekara 98, ba ƙarya na ƙara ba,
Kai da ashirin da ’yan kai, ko sallama ba ka iya ba.

Mai Tawada:
Na karɓi ta ’yan gudun hijira, Baba, wannan ta shige ni,
Amma ta nukiliya na nan, ba ka biya ba, bashi ne a gare ni,
Ka haɗa “zuwa” da “zuwa” a baiti guda, wa ka raina, ni?
Malam, taso da sikelinka, yau kam kana tare da ni.

Malamin Aruli:
Ba na tare da kowa. Kai da ka jera “ni” sau huɗu, da wane baki kake zargin mai “zuwa” biyu? Baba kuma ya jera “ba” sau huɗu, wannan ko ɗan firamare zai yi. Kafin mu ci gaba a faɗa mini, New Orleans gaɓa nawa kuke karanta ta, uku ko huɗu? Don a kanta karin ɗangon farko ya karye.

Ɗan Autan Zaure:
Malam, na gyara nawa. In sa “duku-duku” a madadin “shiru”, ya yi?