Wa ya taɓa ɗaukaka ƙara kan riƙon yara ko gado?

Maman Yara:
Assalamu alaikum. Ranar Litinin alƙali ya miƙa wa tsohon mijina yarana biyu, wai don na yi wani auren. Babbar shekararta 7, ƙaninta 4. Mahaifiyata tana nan da ranta da lafiyarta, ko sunanta ba a kira ba. Don Allah wanda ya taɓa ɗaukaka ƙara ya faɗa min yadda ta kaya.

Hajiyar Gwammaja:
Wa alaikumus salam ƙanwata, Allah ya sanyaya miki. Irin naki ne ya same ni. A Malikiyya in uwa ta yi aure, riƙo yana komawa ne wajen kakarsu ta wajen uwa, ba kai tsaye hannun uba ba. Da wannan na je Babbar Kotun Shari'a, aka dawo wa gyatumata da su. Amma ki ji inda na yi wauta: na ɗauka da zarar na ɗaukaka ƙara hukuncin farko ya tsaya. Ashe sai an roƙi kotu daban ta dakatar da zartarwa. Ban roƙa ba, aka zo aka kwashe yaran, wata bakwai ina kallonsu daga nesa. Ƙaramar har ta fara ƙyuyata.

Ɗan Kasuwar Kwari:
Tawa ta gado ce. Maman Yara, ki fara neman kwafin shari'a, don a sama galibi shi ake karantawa, ba a sake tara shaidu. Lauyana yana dubawa ya ce alƙali bai yi min i'izari ba, wato bai tambaye ni ko ina da sauran hujja ba kafin ya yanke. A kan wannan kaɗai alƙalai uku na Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a suka rushe hukuncin. Na fito ina ta murna, sai lauya ya ce Alhaji, ba kai aka ba gidan ba fa, cewa aka yi wani alƙalin ya sake shari'ar daga tushe. Har yau muna kai, gidan kuma damina ta kayar da katangarsa.

Wani daga Funtuwa:
Mu ƙofa muka ɓata. Rigimar gona ce da wani da ya ce ya saya daga marigayi babanmu. Muka bi ta kotun Shari'a har sama, ƙarshe aka ce sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a hurumin aure, saki, riƙo, gado, wasiyya, kyauta da wakafi ne, ciniki ba huruminta ba ne. Shekara uku da kuɗin mota sun tafi a banza. Naki dai riƙo ne, yana ciki.

Anti Malama:
Ki lura da wa'adin kwana 30 na ɗaukaka ƙara. Ni dangi suka ce in bari a yi sulhu, yau kawu ya yi tafiya, gobe baffa ba lafiya, har wa'adi ya wuce. Sai da na yi takardar rantsuwa ina neman ƙarin lokaci. A yi sulhun, amma takardarki tana kotu.

Maman Yara:
Na gode, Allah ya bar zumunci. Gobe da sassafe zan je wajen rajistara neman kwafin. Hajiya, ita mama sai ta je da kanta ne, ko ni kaɗai na isa?