Wa ya yi kiɗan fim ɗin Haroun?

Tela, Njamena: Salamu alaikum. Daren jiya na kalli "Un homme qui crie" na Mahamat-Saleh Haroun, daraktan fim ɗan Chadi, a waya ina ɗinki. Kiɗan ba shi da yawa, amma sai da na tsayar da keke. Na wane ne?

Ɗan Kusuri: Wasis Diop ne, ɗan Senegal, ƙanen daraktan fim Djibril Diop Mambéty. Shi ya yi wa yayan nasa kiɗan fim ɗin "Hyènes" a 1992, ya yi wa Haroun na "Daratt" a 2006. Makaɗin jita ne, muryarsa ƙasa-ƙasa, da Wolof yake waƙa.

Hajiya, Garwa: Ni fa malam shirun ya yi mini yawa. Mun saba da na Kano, jim kaɗan an shiga rawa.

Tela: Hajiya, garin saurare na karkata wuyan rigar mutane.