Wace ce Hanayagi Harumi, kuma ina zan ga fim ɗinta?

Baban Ummi, Jidda:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Jiya bayan Isha'i autata ta nuna mini hoton wata 'yar Japan a wayarta, Hanayagi Harumi, ta ce kafin ita maza ne ke fitowa a matsayin mata a finafinansu. Abin ya tsaya mini a rai. Ina aji shida a Katsina sai da aka ɗaura mini zane da kallabi na fito amarya, don iyaye sun hana 'yan mata shiga wasan kwaikwayo. Shekara 22 ina tuƙi a nan, ban tuna ranar ba sai jiya. Da gaske ne maganar yarinyar? Ina son in ga matar nan tana motsi, ba hoto kawai ba.

Ɗalibi a Madina:
Wa alaikumus salam Baba. Gaskiya ta faɗa. Tun 1629 hukuma ta hana mata hawa dandalin kabuki, wasan kwaikwayon gargajiya na Japan, sai maza suka ƙware wajen fitowa a matsayin mata, ana kiransu oyama. Da fim ya zo, da su aka fara. Wani matashi, Kaeriyama Norimasa, ya dage sai mace ta fito a mace, ya ɗauko Hanayagi daga dandali ya sa ta a Sei no Kagayaki, aka nuna shi a 1919. Dalilinsa a fili yake: daga nesa kwalliya na ɓoye namiji, amma in kyamara ta matso kusa, maƙogwaro da gaɓoɓin hannu sai su tona asiri. A 1922 oyaman kamfanin fim na Nikkatsu suka bar aiki. Ɗayansu, Kinugasa Teinosuke, ya koma ba da umarni, har ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a 1954.

Hajiya Mai Ɗinki, Makka:
Alhaji, ni abin da ya fi ba ni tausayi shi ne ko muryarta ba a ji, don finafinan lokacin ba su da sauti. Ɗana ya ce wani mutum ne, benshi, ke tsayawa gefen allo yana yi wa kowa magana, har matan. Ta sha wahalar fitowa, bakinta na motsi, amma namiji ke magana a madadinta.

Ɗalibi a Madina:
Haka ne Hajiya. Batun kallo kuwa Baba, sai haƙuri. Girgizar ƙasar Kanto, yankin birnin Tokyo, ta 1 ga Satumba 1923 da yaƙin duniya na biyu sun cinye mafi yawan finafinan zamanin, ga faifan kansa mai saurin kama wuta. Nemi The Dragon Painter na 1919, wanda wata 'yar Japan, Tsuru Aoki, ta yi a Amurka da mijinta Sessue Hayakawa. Wannan ya tsira.

Baban Ummi, Jidda:
Allah ya saka da alheri, ɗana. Ranar Juma'a ba na aiki, zan sa Ummi ta nemo mana. Hoton Hanayagi kuma na ce ta turo mini a wayata.