Masai a cikin mota ko jirgin ruwa: abin da masu shi suka ce

Masu kwana da tashi a cikin motoci a Amurka, da masu zama a ƙananan jiragen ruwa a Ingila, kusan bakinsu ɗaya kan abu guda: a raba fitsari da bayan gida tun daga bakin masai. Haɗuwarsu ce ke tayar da ɗoyi. Fitsari ya gangara jarka, a zubar kullum. Bayan gida kuwa a rufe shi da garin katako ko ɓawon kwakwa da aka niƙa, a sa ɗan fanka mai aiki da batir ya riƙa fitar da laima waje. Idan ƙananan ƙudaje suka bayyana, jiƙa ta yi yawa, sai a ƙara garin katako.

Inda aka yi gardama shi ne zubar da bayan gidan. Wasu na ɗaure shi a leda su jefa kwandon shara. Ni dai ina tare da masu cewa abin da ya yi makonni a bokiti bai zama taki ba tukuna. Ƙwayayen tsutsar ciki suna daɗewa da rai. Sai an tara shi wuri ɗaya, tarin ya yi kwanaki da zafin digiri 55, ko a ajiye shi sama da shekara, sannan a zuba wa bishiyoyi, ban da kayan lambu.