Fim ɗin Absinthe na 1914, wace irin giya ce wannan?

Ɗan Fagge:
Salam jama'a, dan Allah masu bibiyar tsofaffin finafinan Turawa, naga ana maganar wani fim na zamanin da ba'a jin murya sai dai rubutu ya fito, sunansa Absinthe, wai labarin wani mai zanen hoto ne a Faris da giya ta ɗaiɗaita masa rayuwa. Abin ya tsaya min a rai wlh, wace irin giya ce har a sa wa fim sunanta?

Malamin Tarihi:
Wa alaikumussalam. A 1914 ya fito, Herbert Brenon ne darakta, King Baggot ya fito a mai zanen, kamfanin Amurka ne amma takanas suka je Faris suka ɗauke shi. Ita giyar koriya ce shar, da wani ganye mai ɗaci ɗan uwan tazargade ake haɗa ta, ƙarfinta kan kai kashi 70 cikin 100, shi yasa sai an ɗora sukari kan cokali mai huji ana ɗiga ruwan sanyi a hankali har ta koma fari-fari kafin a sha.

Maman Ilham:
Kuma fa lokacin ana tsakiyar rigima a kanta ne, tun 1905 da wani manomi a Suwizalan, Jean Lanfray, ya harbe matarsa da yaransa mata 2 aka ce ai absinthe ce ta haukata shi alhali ranar ya ɗirki wasu giyoyin da yawa ma. Amurka ta hana ta a 1912, Faransa a 1915. Daga baya da masana suka auna tsofaffin kwalabe sai aka ga ba ganyen bane matsalar, yawan giyar ne kawai.

Ɗan Zandar:
Ni gsky abin da yafi ɓata min rai shine yadda masu zane na Faris suka ɗauka wai tana buɗe basira. Toulouse-Lautrec da duk baiwar da Allah ya bashi shekara 36 kacal yayi ya mutu a 1901, shaye-shaye ya gama cinye jikinsa. Irin zancen da wasu samarinmu masu waƙa ke yi kenan akan kodin wai sai da ita baiti ke zuwa, kana kallo yaro ya rame murya ta dishe.

Ɗan Fagge:
Allah ya saka da alheri, Malam. Ɗan Zandar ka taɓo inda ke min ciwo, ƙanin abokina ne a wannan halin yanzu haka, ya daina zuwa situdiyo kusan wata guda, ku sa shi a addu'a.