Waɗanda suka taɓa ɗaukar shuɗewar lokaci a Legas, ku ba mu labari

Ɗan Agege: Assalamu alaikum, 'yan'uwa. Ina shirya gajeren fim na gwaji, wanda babu jarumi ko magana a cikinsa, sai yanayi da yadda lokaci ke sauya shi. Da a gida Katsina ne, kuka guda ta ishe ni, domin tana zubar da ganye da rani, ta sake tofowa gab da damina. A nan kuwa na yi wata huɗu ina ɗaukar wata bishiya, amma kullum kore take shar, kamar a yini guda na ɗauka. Me kuka gwada?

Malama Binta, Ikorodu: Wa alaikumus salam, ƙanena. Abin da ya same ka ya same ni, sai daga baya na gane cewa a Legas ruwa ne ke nuna lokaci, ba ganye ba. Na koma tashar jiragen ruwa ta Ikorodu ina ɗaukar ciyawar nan mai kama da kainuwa, wadda kan rufe fuskar ruwa idan damina ta ja baya, har ta hana jirage fita, sannan ta mutu idan ruwan gishiri ya ƙaru da rani.

Abu Obalende: Ni lissafi ne ya fara kayar da ni. Idan kana ɗaukar hoto guda kowane minti, yini da kwana zai ba ka hotuna 1,440, wato minti ɗaya tak idan aka jera 24 a daƙiƙa. Sannan ka yi hattara da laima, domin a gandun dajin Lekki, wanda aka kafa a 1990, gilashin kyamarata ya yi gumi da asuba, na yi asarar fitowar rana gaba ɗaya. Birai ma ba su bar jakata ba.

Alhaji na Mile 12: 'Ya'yana, ni ban iya kyamara ba, amma ina da hotunan da aka ɗauke mu a Bar Beach, bakin tekun Legas, muna samari, igiyar ruwa tana dukan ƙafafunmu. Yanzu an cike wurin da yashi, an gina sabon birnin Eko Atlantic a kansa. Idan za su yi maka amfani, ka zo bayan sallar Juma'a ka duba su, amma da sharaɗin za ka dawo mini da su.